Ranar da Tulun Mama Ya Ceci Sarkin Amo

A shekarata ta ƙarshe a jami'a, a Samaru, aka ce kowa ya rubuta wasan kwaikwayo ya nuna shi a gaban malamai. Wanda nasa ya rushe sai ya dawo baɗi. Abokan karatuna suka kama siyasa da soyayya, ni kuwa don rawar kai na zauna na ƙirƙiro allan kiɗa da waƙa sukutum, na kira shi Sarkin Amo.

Na ba shi molo mai tsirkiya uku. Ta farko ke riƙe da taurari kada su yi karo, ta biyu ke kawo damina da rani kowanne a lokacinsa, ta uku ke zaunar da magana daidai a bakin mawaƙa. A wasan, mutane sun cika duniya da gardama har ya yi fushi ya jingine molon. Zakara ya koma cara da tsakar rana, gero ya ƙi fid da kai. A ƙarshe jama'a za su rera masa waƙar ban haƙuri, ya ɗauki molonsa, komai ya koma mazauninsa. In wannan waƙar ba ta tashi ba, wasan bai tashi ba.

Mahaifiyata ta daɗe tana buga tulu a zumuntar matan cocinmu a Sabon Gari. Tulun ƙasa ne, ana dukan bakinsa da soso, ya ba da murya mai kauri da mutum ke ji a ƙirji. Ba wanda ta taɓa bari ya ɗaukar mata shi, har Baba. Tana kuma da wani hali da kowa ya sani a gidanmu: ba ta iya jin waƙa ta kauce ta yi shiru. Ko maƙwabciya ce ke lallashin jariri, in ta ja inda bai kamata ba, Mama za ta hau bugun murfin tukunya har sai ta dawo da ita hanya. Gaskiya daga wajenta na samo Sarkin Amo, amma ban faɗa mata ba.

Na je roƙonta ta buga mana. Tana tsintar shinkafa, ta saurare ni har na kai aya, sannan ta ce, "Wato dokar Ubangiji ta farko ma kika fara takawa. Na tura ki karatu, kin dawo mini da gunki."

Na yi ta bayani cewa ba mai yi masa sujada, wani ɗan ajinmu ne kawai zai sa babbar riga da hular kwali. Ta ce tulun da ke yabon Ubangiji ba zai yi wa ɗan ajinmu kirari ba. Abin ya yi mini ciwo ƙwarai, na fita ko sallama ban yi mata ba.

Sai ni da 'yan wasana muka je wani shago aka haɗa mana kiɗa a kwamfuta, muka yi hayar lasifika da ƙaramin janareto. Wata guda 'yan amshina suna bin wannan kiɗan, har suka zama ba sa iya buɗe baki sai sun ji shi. Ni ce na sabar musu, don haka laifin nawa ne.

Ranar wasan Alhamis ce da la'asar, a fili. An kusa farawa na hango mata wajen goma cikin zane iri ɗaya suna neman wurin zama a baya. Ashe matan zumunta sun je ƙauyen Bomo, kusa da Samaru, yi wa wata barka da haihuwa, da kayan kiɗansu kamar yadda suka saba, a dawowa aminiyar Mama mai kaɗa caki ta janyo su kallon wasan. Mama ta zauna can ƙarshe, tulu naɗe a cinya, fuskar nan a ɗaure tamau.

Komai ya tafi daidai har aka zo waƙar ban haƙuri. An shiga baiti na biyu ke nan janareto ya yi tari sau biyu ya mutu. 'Yan amshi suka watse, wannan na gudu, waccan na jan ƙafa. Sarkin Amo na bisa gadonsa yana zare ido, ga molo kusa da shi wanda ko riƙo bai iya ba. Dariya ta fara tashi. Daga bayan labule na ga babban malaminmu ya sunkuya yana rubutu, na ce shi ke nan, na dawo baɗi.

Sai na ji dum daga can baya. Aka sake, dum, dum, a natse, kamar mai kiran kaji su dawo akurki. Caki ya shigo. 'Yan amshi suka waiwaya, suka kama bugun ɗaya bayan ɗaya, muryoyinsu suka haɗu. Matan da ba su taɓa jin waƙar ba suka cafke amshin tun a zagaye na biyu, don aikinsu ke nan kowane mako. 'Yan kallo suka miƙe da tafi, wata ta rangaɗa guɗa. Ɗan ajinmu, Allah ya ba shi basira, ya ɗauki molo ya ɗaga sama a kan bugun ƙarshe. Ina bayan labule ina kuka ina dariya, ban taɓa jin daɗi irin na ranar ba.

Babban malamin ya yaba mini da dabarar ɓoye makaɗa cikin 'yan kallo. Na ce na gode, ban gyara masa ba. A nan take ya ce na haye.

Na tarar da Mama tana naɗe tulunta, na durƙusa. Ba ta ko dube ni ba ta ce, "Kar ki ɗauka don gunkinki na yi. Waƙa na ga za ta faɗi." Ta nuna ɗan ajinmu da leɓe. "Wancan ne ke riƙe da taurari?"

Na ce, "Mama, ai ke na kwaikwaya na yi shi."

Ta ce Allah ya kiyaye, na daina saɓo. Amma da muka tashi tafiya tasha, sai ta ɗauki tulun da hannu biyu ta ɗora mini a kai, ta ce na taka a hankali.