Shekarar da Malama Lailatu Ta Tsaya wa Mardiya

Duk wanda ya yi boko a unguwar Sabo ta Ibadan cikin shekara ashirin ɗin nan, da wuya bai ratsa ta hannun Malama Lailatu ba. Gajeriyar mace ce mai tabarau, takalminta kullum a cinye ta gefe guda saboda hawan tudun Mokola. A nan aka haife ta. Mahaifinta mai masauki ne, irin waɗanda fataken goro ke sauka a gidansu. Baƙo ya zo daga Arewa ba wanda ya san shi, mai masauki ya ce wa 'yan kasuwa, "Ni na tsaya masa," shi ke nan an yarda da shi. In baƙon ya yi ɓarna, a wuyan mai masauki take. Maganar nan ba a yin ta da wasa a Sabo.

Turanci take koyarwa a makarantar kuɗi ta Alhaji Manniru. Koyarwar tata kuwa sai ita. Sauran malamai su cika allo yara su kwafa, ita sai ta tura su gida su tambayo me ya sa famfon unguwa ya shekara bai kawo ruwa ba. Su dawo a yi ta musu da Hausa da Yarabanci, sai an gaji sannan a rubuta da Turanci. Har digiri ta koma ta yi a ranakun Asabar, ta rubuta kundi guda a kan yadda kasuwa ta shigo aji ta yi zamanta. Kundin yana nan a saman kabad. Ba wanda ya taɓa buɗe shi sai malamin da ya ba ta maki, shi ma ba ta da tabbas.

Ba aikin ne ya gajiyar da ita ba, tankaɗe ne. Haka malamai ke kiransa a tsakaninsu. Kowace shekara kafin rajistar jarrabawar fita sakandare, sai a yi wa 'yan aji shida gwaji. Wanda bai kai ba, a kira iyayensa a ce su nema masa wata cibiyar jarrabawa, don kada ya ɓata wa makaranta suna. Ka ji fa! Yaro ya shekara shida a hannunku, sai ranar da ya fi bukatarku ku ce ba ku san shi ba. Shekara goma sha ɗaya Malama tana sa hannu a takardar nan, tana komawa gida da ciwon kai.

A bara sunan Mardiya ya faɗo ciki. 'Yar Malam Idi ce, mai albasa a Kasuwar Bodija. Sai da ta shekara goma sha biyu aka kawo ta daga Arewa, don haka Turancinta yana ɗingishi. Amma in ana musu a aji, wallahi ba mai kayar da ita.

Ranar taron malamai, Alhaji Manniru ya turo takardar gaban Malama. Ta dube ta, ta ajiye biro.

"Alhaji, Mardiya za ta zana jarrabawa a nan."

"Haba Malama, kada ki kawo mana wahala. Iyaye sakamako suke saye, ba tausayi ba."

"Ni na tsaya mata," in ji ta. "In ta faɗi, na bar aikin."

Malamai Yarabawa suna kallon juna, ba su gane ba. Alhaji kuwa ɗan Sabo ne, ya gane sarai, kuma ba shi da bakin ƙi a gaban mutane. Ya soke sunan daga takardar, ransa a ɓace.

Daga ranar kullum in an tashi, Malama ta zaunar da Mardiya har la'asar. Gwiwa na ciwo, murya ta dushe, ba ta fasa ba. Yarinyar ba ta musu, ba ta fashi, sai dai ta daina dariya, ta rame. Malama ta ɗauka himma ce.

Magana kuwa ba ta kwana a Sabo. Kafin mako uku ta isa rumfar albasa a Bodija. Malam Idi ya ji. Shi ma a hannun mai masauki ya shigo garin nan, ya san mutumin kirki ba ya jefa wanda ya tsaya masa cikin asara. Saura kwana huɗu a rufe rajista ya je makaranta, ya cire 'yarsa da hannunsa, ya kai ta wajen ƙanwarsa mai sayar da abinci a Akinyele. Sannan ya wuce gidan Malama, ya tsaya a zaure, hula a hannu.

"Malama, kin yi mana abin da ɗan'uwa bai yi ba. Amma ba za a ce 'yata ce ta raba ki da abincinki ba."

"Malam Idi, za ta ci fa! Na ga alama."

"In ba ta ci ba fa? Da wane ido zan dube ki?"

Ta yi roƙo, ta yi faɗa, ta haɗa shi da Allah. Godiya kawai yake yi. Aka rufe rajista ba Mardiya, ba a nan ba, ba a ko'ina ba.

Ranar Lahadi Malama ta hau mota har Akinyele. Ta samu yarinyar a tsugune a bayan rumfa tana wankin kwanuka. Mardiya ta miƙe ta gaishe ta, ta jawo mata benci.

"'Yata, ki yi haƙuri da babanki. Bai tambaye ki ba ya yanke."

Mardiya ta goge hannu a zani, idonta a ƙasa.

"Ke ma ba ki tambaye ni ba, Malama. Da an bar ni na je wata cibiyar, in na faɗi, faɗuwata ce ni kaɗai, na sake badi. Tun da kika tsaya mini, ko na buɗe littafi aikinki nake gani, ba rubutu ba."

Daga cikin rumfa gwaggon ta ƙwala kira ana jiran faranti. Mardiya ta ce wa Malama ta gaida gida, ta sunkuya ta ɗauki kwanukan.