Gyaran Muryar da Ya Rage

Jiya autar Malam ta same ni a shagonmu na Ƙofar Marusa, shekara guda da rasuwarsa. Ta ce, "Yaya, don Allah nemo mini muryar Baba. Na fara mance ta."

Malam ne ya koya mini tace finafinan da muke yi kan rayuwar mutane. Shi ke tambaya a bayan kyamara, shi ke zama ya tace. Duk inda muryarsa ta fito sai ya cire, ya ce, "Ba ni aka zo gani ba." Asalin ɗaukar kuwa gogewa muke, don faifai ya samu wuri.

Na tuna muna tace hirar wani tsohon marini, fanka na ƙugi, shayin Malam mai citta ya huce. Tsohon ya ambaci marigayiya matarsa, ya yi shiru. Na kai hannu zan yanke, Malam ya riƙe ni. "Bar masa shirunsa."

Tun jiya nake buɗe faifai bayan faifai. Ga maƙera, ga masaƙa, kowa na magana, ban da shi. Sai cikin shirun marinin nan na ji Malam ya yi gyaran murya sau ɗaya, irin na mai danne hawaye.

Iyakar abin da zan ba ta ke nan. Da wane ido zan dube ta?

Ya Allah, bawanka ya yi shiru don a ji wasu. Kai Ka ji shi, Ka jiƙansa.