Lambar Ciwon Gwiwarta

A zamanin shugaban ƙasarmu na farko, na yi aikin akawu a wani asibiti a garin Garwa. Likita ya duba marar lafiya ya rubuta sunan cuta da Faransanci, ni kuma in buɗe wani ƙaton littafi in nemo lambar cutar in sa a katinsa. Da lambar nan ƙananan asibitocin karkara ke sanin maganin da za su ci gaba da bai wa mutum idan ya koma gida.

Wata ranar Talata da hantsi aka kira ni ɗakin mata in yi tafinta. An kawo wata mata daga duwatsun da ke bayan garin Gidar, manomiya, Kirista, ta kusa shekara hamsin. Fulatancinta kaɗan ne, Faransanci kuwa babu, amma ta iya Hausar kasuwa sosai, don a can take sayar da gyaɗarta. Yatsun hannunta duk sun karkace. Gwiwar dama ta kumbura, kumburin ya gangaro har idon sawu.

Ta ce shekara shida ke nan tana tashi da safe gaɓoɓinta a sandare, sai rana ta ɗaga suke sakinta. Bara wani ƙullutu ya fito mata a bayan gwiwa, kamar ƙwan agwagwa. Ranar da ta durƙusa tana cirar gyaɗa ta ji wani abu ya fashe a ciki, ƙafar ta ɗauki zafi, ƙullutun ya ɓace.

Likitan ya daɗe yana taɓa ƙafar, ya zuƙi ruwan gwiwar da allura. Ya ce in gaya mata ciwon gaɓoɓi ne mai cin jiki a hankali. Ruwan da ciwon ke tarawa ne ya yi jaka a bayan gwiwa, jakar ta fashe cikin naman ƙafa. Ya ce shi kansa sau ɗaya ya taɓa ganin haka.

Da na koma ofis na rasa lambar. Ciwon gaɓoɓin yana cikin littafin, amma babu jakar da ta fashe. Babban akawunmu, dattijo mai son a gama aiki kafin azahar, ya ce in jefa ta cikin lambar sanyin ƙashi na tsofaffi. Ban yi masa musu ba, amma ban rubuta ba, don na san in ta koma da wannan lambar, ƙwayar ciwon kai kawai za a riƙa ba ta. Washegari na ɗauki littafin na sami likita. Muka bi shafukan tare, ya ce in sa lambar babban ciwon, shi kuma ya rubuta bayanin gwiwar da hannunsa a ƙasa.

Da na kai mata katin sai ta riƙe hannun rigata.

"Ɗana, wannan ciwon, akwai wasu masu shi?"

Na ce akwai, Inna, har a ƙasashen Turawa, shi ya sa yake cikin littafi.

"To ba mutum ne ya yi mini ba?"

A nan ta gaya mini abin da ba ta gaya wa likita ba. 'Ya'yanta maza biyu sun ɗora ciwon a kan wani tsoho maƙwabcinsu da suka taɓa rigimar iyakar gona da shi. Sun ce ya binne mata wani abu a kan hanya. Shekara uku ba sa gaishe shi, ranar da ƙafar ta kumbura har sun je ƙofar gidansa da sanduna. Ita ba ta taɓa yarda ba, don tare suka tashi da matarsa, amma ba ta da abin da za ta nuna musu.

Ta roƙe ni in rubuta mata da Hausa a wata takarda dabam, don malamin cocinsu ya karanta a gaban 'ya'yan. Na rubuta sunan ciwon da lambarsa, da cewa daga cikin jiki yake tasowa, ba a ɗora wa mutum shi. Likita ya sa hannu.

Bayan girbi ta dawo a duba ta, babban ɗanta ya rako ta a motar kasuwa. Ƙafar ta sace, tana takawa da sanda, yatsun dai suna nan yadda suke, ta kuma bar noma. Na tambaye ta labarin tsohon. Ta ce ƙaramin ɗanta har yanzu yana kau da kai in sun haɗu, amma wannan ya je ya gaishe shi, har ya taya shi rufin rumbu. Babban ɗan yana tsaye kansa a ƙasa. Na sabunta mata katin, suka wuce wurin karɓar magani.