Ranar da Na Karɓi Bindigar Sarjan Illa

Har yau ban manta da safiyar da na karɓi bindigar Sarjan Illa a bakin shingen fita Arlit ba. Ku da kuka shigo aikin jinya na soja a yanzu kun huta, kuna da lokotoron ƙwaƙwalwa da za ku tura wa mutum, kuna kuma da sunan ciwon da faransanci, dogo kamar igiyar rijiya. Mu a zamaninmu ba mu da ko ɗaya. Kinin muke da shi, da maganin ciwon kai, da allura, sai kuma ido.

A shekarun tawayen Abzin na farko ne. Ina da muƙamin ajudan a lokacin, kuma ni ne majo na bariki, wato babban ma'aikacin jinya, domin lokotoron soja yana Agadas, sai jefi-jefi yake leƙo mu. Gari ya mutu murus. Farashin uranium ya faɗi, kamfanonin ma'adinai suna ta sallamar ma'aikata, fari kuma ya koro makiyaya daga daji sun zo sun kafa bukkoki a gefen gari. Hanyar Agadas ba ta biyuwa sai da rakiyar soja. Ranar ayari, duk motar da za ta yi kudu, ta kamfani ce, ta fasinja ce, ko kamiyon 'yan kasuwa, sai ta zo bakin shinge da sassafe ta shiga layi. A bincika kowa, sannan a sa motar soja ɗaya gaba, ɗaya tsakiya, ɗaya baya, motar jinya kuma tana bin ta bayan.

Sarjan Illa mutumin Tahoua ne, dogo, mai ƙarancin magana. Shi ne shugaban motar gaba, kuma ba a taɓa jin ya nemi a canza shi ba, alhali motar gaba ita ke fara cin duk abin da hanya ta dafa. Wata rana aka yi musu kwanton ɓauna. Yadda waɗanda suka tsira suka ba da labari, wani mutum ne da rawani ya tsaya a gefen hanya yana ɗaga hannu kamar mai neman taimako. Da motar ta rage gudu sai ya ja amawalinsa, wato gefen rawanin da ake rufe baki da shi, ya kai shi har ƙasan ido. Jan amawalin nan shi ne alama ga waɗanda suke ɓoye a cikin duwatsu, nan take aka buɗe wuta. Direban Illa ya mutu a jikinsa, shi kuwa ko ƙwarzane bai yi ba. Ni na wanke gawar, ni kuma na duba Illa na ce lafiyarsa ƙalau, don abin da idona ya gani ke nan.

Bari in yi muku bayanin bizit na lokacin. Kowace safiya soja marasa lafiya su jeru a ƙofar ɗakin jinya. In na ga ciwo in ba da magani da hutu. In ban ga komai ba, mutum ya koma wurin shef ɗinsa, wato shugabansa, a matsayin malalaci, a ba shi gwale-gwale. Don haka ciwo a wurinmu sai wanda ake nunawa da yatsa. Ba sojan da zai zo ya ce maka tsoro yake ji, ya gwammace ya ce basur.

Bayan 'yan makonni Illa ya fara bayyana a layin. Yau ciwon kai, gobe ciki, jibi ƙirji. In auna, in danna, in saurara, babu komai. Ban taɓa mayar da shi a matsayin malalaci ba, domin duk barikin an san shi ba rago ba ne. Wata rana na rufe ƙofa na tambaye shi ko yana barci.

Ya ce, "Lahiya lau nike, Majo. Ba ni ƙwaya in tahi."

Matarsa Rabi ce ta faɗa mini gaskiya. Ta zo da 'yarsu Sa'a wai a duba mata ido, yarinya kuwa idonta garau. Da ta ga ba kowa sai ta sauke murya. "Majo, baban Sa'a bai kwana. Da takalmi yake kwanciya. In yarinya ta yar da kwano sai ka gan shi bayan ƙohwa yana rawar jiki. An yi rubutu, an yi hayaƙi, ba mu ga sauƙi ba. Don Allah kada ka ce ni na gaya maka." Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Na ba ta man ido don kada ta fita hannu wofi a yi mata tambaya.

Na je na sami kapiten, kwamandan kamfaninmu, na ce ina son a sauke Illa daga rakiya. Kapiten mutum ne mai hankali, amma ba shi da mutane. Ya dube ni da jajayen idanu ya ce, "Majo, in zan sauke duk wanda ba ya barci, da kaina zan fara." Muka yi ta ja, daga ƙarshe muka tsaya a kan a cire shi daga motar gaba a mayar da shi binciken bakin shinge, ya riƙa kwana a gida. Dukanmu mun ga an yi masa gata. A tunanin soja haɗari yana kan hanya ne, cikin gari kuwa hutu.

Ranar da ya fara tsayuwa a shinge ranar ayari ce. Ina wajen da motar jinya, ina shan shayi a gindinta, motoci sun yi layi, masu tallar burodi da gyaɗa suna zagayawa. Sai ga wani dattijo Ba'abzine ya fito daga wajen bukkoki ya nufo Illa. Daga baya na ji mutumin Gougaram ne, fari ya cinye dabbobinsa, matarsa ce ba lafiya yana neman a ba ta wuri a wata mota zuwa asibitin Agadas. Ku da ba ku zauna Abzin ba, ku sani cewa a al'adarsu namiji ba ya barin bakinsa a buɗe gaban wanda yake jin nauyinsa. In zai yi magana da suruki ko babba ko mai iko, sai ya ja amawali sama. Girmamawa ce tsantsa. Dattijon nan ya zo roƙo wurin mai iko, don haka da ya matso sai ya ɗaga hannu ya ja amawalinsa har ƙasan ido.

Ƙarar ɗana bindiga na fara ji. Na waiga na ga Illa ya saita ƙirjin tsohon, yana ihu, "Kwanta! Ku kwanta! Suna cikin duwatsu!" Babu dutse ko ɗaya a wurin, fili ne fetal da rumfar mai shayi. Fasinjoji suka zube ƙasa, mata suna salati. Sauran sojojin suka rasa abin yi, wasu ma sun fara juya bindigoginsu suna neman abokan gaba, kuma wannan ya fi ba ni tsoro, domin da harsashi ɗaya ya fita da ba shi kaɗai zai fita ba.

Na ajiye kofin na taka a hankali ta gefen da zai iya ganina. Ba jarumta ba ce, aikin ne ya faɗo kaina. Ina kiran sunansa ba tare da muƙami ba, "Illa, ni ne Majo. Illa, Arlit muke." Bai ji ni ba. Gumi yana zuba daga haɓarsa, yatsansa yana kan kunama.

Tsohon ne ya yi abin da ban zata ba. Ya durƙusa a hankali ya zauna a ƙasa, ya sa hannu biyu ya sauke amawalin gaba ɗaya, har ƙasan haɓa, a gaban mata da yara da baƙi. Na yi shekaru a ƙasar nan ban taɓa ganin dattijonsu ya yi haka a bainar jama'a ba. Wasu 'yan uwansa da ke cikin layi suka kawar da kai don kada su gani. Fuskar wani tsoho ce ramamme, da farin gemu, haƙoransa na gaba sun zube.

Ya ce da irin Hausarsu, "Yarona, duba. Ni ne kawai. Matata yana can, ba shi da lafiya."

Illa ya daɗe yana kallonsa. Sai bakin bindigar ya fara sauka. Na ƙarasa na dafa ta, na ce, "Kawo in riƙe maka." Ya sake mini ita kamar wanda aka karɓar wa kaya mai nauyi, ya zauna a ƙasa shi ma. Na cire harsasai na miƙa wa wani kaporal da ke kusa. Tsohon ya mayar da amawalinsa. Na sa aka ɗauko matar tasa muka tafi da ita a motar jinya, ayari ya tashi a makare.

Da na dawo daga Agadas kapiten ya kira ni. Doka a fili take. Sojan da ya ɗana bindiga a kan farar hula ba dalili, ɗayan biyu ne: ko a ce laifi ne, ya yi kwanakinsa a kaso a mayar masa da bindigarsa, ko a ce ciwo ne, a karɓe makami a tura shi Yamai wurin masu duba ƙwaƙwalwa. Kapiten ya ce, "Laifi ne ko ciwo? Kai ne majo. Abin da ka faɗa shi zan aika wa lokotoro."

Na ce a bar ni in ga Illa tukuna. Na same shi a ɗakin jinya inda aka ajiye shi, ya yi wanka, ya gyara kakinsa tsaf. Ya riga ya san tambayar.

Ya ce, "Majo, ka ce laihi ne. Kaso mi ne? In yi in hito. Amma in ka kai ni Yamai, mahaukaci nike har in mutu. Wa zai sara mini? Wa zai auri ɗiyar mahaukaci?"

Na ce, "In na mayar maka da bindiga, ka tabbata ba za ka sake ba?"

Na sake tambayarsa.

"Illa, ka tabbata?"

Ya ce, "Ban ga tsoho ba, Majo. Wallahi wancan na kan hanya na gani."

Duk abin da ya faɗa game da sunansa gaskiya ne, na san barikin, na san bakin mutane. Na ji tausayinsa ƙwarai, har yanzu ma ina ji. Amma shinge cike yake da masu rawani kowace ranar ayari, kuma ba kowane ne zai zauna ya buɗe fuskarsa ba. Na koma na ce wa kapiten ciwo ne.

Ni na raka shi har Agadas na danƙa shi ga lokotoro. Da zai sauka sai ya ce da ni, "Ka kashe ni da raina." Ya yi watanni a Yamai. Da ya dawo aka sa shi a magaza, wato ɗakin ajiyar kaya, yana raba barguna da takalma, ba bindiga. Yaran da ya koya wa aiki suna gaishe shi da irin muryar da ake gaida mara lafiya. Bai daɗe ba ya nemi sallama ya kwashe iyalinsa suka koma Tahoua. In muka haɗu kafin tafiyarsa, sai ya sara wa igiyar da ke kafaɗata ya wuce.

Abin da ya biyo baya shi nake so ku riƙe. Ba a yi wata biyu ba wani kaporal ya shigo bizit ya ce ciwon kai. Ina miƙa masa ƙwaya sai ya waiga ƙofa ya ce, "Majo, ina jin irin na Sarjan Illa ne." Bayansa wani ya zo, bayansa wani, har da waɗanda ake yi wa kirari da taurin zuciya. In ka ji ƙi gudu, sa gudu ne bai zo ba. Ciwon ya daɗe a barikin, suna ne ba shi da shi, sai da aka ari na mutum aka sa masa, kuma mai sunan ba a nemi izininsa ba. Daga nan na koyi cewa in soja lafiyayye ya zo maka sau uku da ciwo uku daban-daban, ka ajiye abin awo ka rufe ƙofa. Na kuma koyi cewa a aikin nan za ka yi wa mutum abin da ya dace ya tafi yana ƙinka, kuma ba lallai ne ranar godiya ta zo ba.

Bayan na yi ritaya na ji labarin rasuwarsa, na hau mota na je Tahoua ta'aziyya. Sa'a ta yi aure, da goyo ma a bayanta. Rabi ta tsufa, amma ta gane ni tun daga zaure. Bayan addu'a na tambaye ta yadda ya ƙarasa rayuwarsa, ta ce lambu ya kama, yana shan maganinsa, wata shekara da sauƙi wata shekara da wuya. Sai na yi ƙarfin hali na tambaya ko ya taɓa ambata na.

Ta gyara lulluɓinta ta ce, "Ba zan yi maka ƙarya ba, Majo, bai yahe maka ba. Amma kullum in ya idar da salla sai ya ce, Allah na gode maka da ban tahi da jinin tsohon nan ba."