Na tsaya cika firiza, afendiks ya fashe

Wata huɗu ban ce uffan ba a shafin nan. Masu cewa Amurka ta sa mini girman kai, ku yi haƙuri, kwance nake.

Wata Talata ciwo ya kama ni a cibiya, ya gangara dama. Shekarata goma sha biyu ina aikin nas, na san ko mene ne. Amma maimakon asibiti sai na nufi kantin 'yan Afirka a Beltsville, na sayo kuɓewa, agushi da naman akuya. Kwana biyu ina girki a duƙe, ina zuba miya a robobi, ina rubuta ranaku a murfi. Wai kada mijina, Baban Ladi, ya mutu da yunwa in an kwantar da ni.

Shi ya tsince ni a ƙasan kicin, jiki kamar garwashi. A asibiti aka ɗebi jini, aka yi hoton ciki. Afendiks ya fashe, cuta ta shiga jini. Likitar ta ce, "Da kin ƙara wuni ɗaya, da ba wannan maganar ake yi ba."

Kwana tara na yi da robar zuƙe mugunya a ciki. Na ji tsoro ƙwarai.

Da na dawo gida, zaman banza ya mai da ni kallon tsoffin wasannin barkwancin Ingila, marasa kala, irin waɗanda muke gani a talabijin a Jos muna yara. Kullum zancen ɗaya ne: mura ta kwantar da matar gida, miji ya shiga kicin da nakatayal, ya ƙona ƙwai, ya rasa inda shayi yake. Ina dariya ina dafe ɗinki.

Baban Ladi ya shigo da faten acca, ya tsaya ya kalla har ƙarshe. Ko murmushi bai yi ba.

"Maman Ladi, haka kika ɗauke ni?"

Na ce wasa ne fa.

"Shekara shida ina dafa wa kaina a Zariya kafin in san ki. Ke kika kore ni daga kicin. Miyarki tana nan a firiza, na kasa taɓa ta. In na buɗe, ke nake gani a ƙasa."

Na sha faten ina hawaye. Gishiri ya ɗan yi yawa, ban faɗa ba.

Na gode wa Allah, da likitoci, da matan zumunta na coci da suka yi ta sintiri.

'Yan'uwa mata, in ciwon ciki ya koma dama, ga zazzaɓi ko amai, a ranar za ku tafi asibiti. Ba a taɓa binne namiji don ya sha shayi da burodi na mako guda ba. Ni kuwa saura ƙiris.