Shekarar da Tabkinmu Ya Ƙafe

Shekaranjiya, nan Ƙonni, wata mota ta juye duwatsun gini a ƙofar maƙwabcinmu. Ƙarar dutse kan dutse ta sa na ajiye tsintsiyar da ke hannuna, na tsinci kaina a ƙauyenmu, gefen Badaguishiri, ina 'yar shekara goma.

Kai mai karatu, da ka ga tabkinmu a lokacin, da ba ka yarda zai iya ƙafewa ba. Da lokacin kaka ya yi, bado yake rufe shi, yara su ciro su ci. Da sanyi kuwa garake ne suke kewaye shi, ƙamshin albasa da jiƙaƙƙiyar ƙasa ya bi ka har gida. Garkar kakata, mahaifiyar babana, ita ke ciyar da mu idan gero ya ƙare a rumbu.

Amma an sare itatuwan da ke kan tudu, wurin ya zama fako. Duk damina sai wata ƙorama ta kwaso yashi ta zuba a tabkin. Wata shekara ruwa ya ƙafe albasa ba ta ƙosa ba. Kaka ta tuge ta ƙanana kamar goro, ta zuba wa awaki. Babana ya ce zai tafi Najeriya neman aiki, ya ɗauke mu baki ɗaya.

Washegari Kaka ta ɗora mini gammo, muka hau bakin ƙoramar. Ta ce, "Ruwa ba ya gudu don kainai. Mu munka buɗe mishi hanya." Muka soma jera duwatsu a gicciye, ita manya, ni ƙanana. Kullum haka, har rani ya raba. Wuyana ya yi ciwo, tafin hannunta ya tsattsage. Mata a rijiya suna cewa tsufa ya taɓa ta, ni kuma ina jin kunya, ina ɓoye gammon a zane idan za mu wuce su.

Mutum ɗaya ya tsaya mana, wani tsohon Bafillace da shanunsa ke shan tabkin. Ya daɗe yana kallonmu, jingine da sanda. Da safe sai ga jakunansa biyu. Ya ce, "Inna, in tabkin ga ya mutu, ni ma tashi za ni yi."

Ruwan farko ya kwashe aikinmu kaf. Na zauna kan yashi na yi kuka. Kaka ta bi ƙoramar da kallo har sama, ta ce, "Ƙasa munka fara, shi ya sa. Daga bisa za a tare shi, tun bai yi ƙarfi ba."

Babana da ya zo mayar da ita gida ya ji maganar. Ya karɓi gammon daga kanta. Shi ya je wurin maigari aka kira gayya. Maza suka haƙa ramuka masu siffar rabin wata a kan fakon, mata suka jera dutse, makiyaya suka yarda su kewaye wurin da dabbobinsu har ciyawa ta kama.

Sai a shekara ta uku ruwan ya kai mu cirar albasa. Lokacin idon Kaka ya tafi. Na sa mata guda a hannu, ta shafa ta, ta auna nauyinta, ta ce, "To, ku zauna." Muka zauna, aka bar zancen tafiya Najeriya.

Yau tabkin yana nan, ko da bai kai na dā ba. Yanzu ma'aikatan buro, wato ofis, ke zuwa da mota su tsara aikin, samari da yawa kuma sun tafi ci-rani. Bara na je gida, na tarar da wani layin duwatsu ya ɓalle, na tattare zanena na soma mayar da shi. Wata mata mai ɗauke da itace ta tsaya ta ce, "Hajiya, wane buro ya aiko ki?"

Na ce, "Kakata."