Wutar Baba Sallau Mai Balangu

Daga Allah muke, gare Shi za mu koma. Ranar Litinin, goma sha biyu ga Sha'aban, 1401, Baba Sallau mai balangu na bakin tashar Talata Mafara ya cika bayan 'yar gajeruwar jinya. Ni Nasidi, da nake kai masa itace a kan jaki, ban yi karatu mai nisa ba, amma na kasa yin shiru.

Baba, ƙauyenmu ɗaya a ƙasar Maradun. Ranar da aka tashe mu saboda ruwan dam ɗin Bakolori, kowa ya ɗauki buhu da tabarma, kai kuwa ka shiga mota rungume da kasko cike da toka, garwashin murhunka a binne a ciki. Direba ya ce za ka ƙona masa mota. Ka ce, "In ba ka ɗaukar ta, ni ma aje ni, na tahi ƙasa." Haka ya haƙura.

Tun daga nan wutar ba ta mutu ba. Kullum ka tashi aiki sai ka rufe ta da toka, da safe ka tone. Kirya da marke kawai kake yarda da su. In na sako wani icen a tsakiyar dami, da ka shinshina sai ka zare shi ka miƙo mini, ka ce, "Kai wa mai tuyar ƙosai." Ba ka gasa nama a kan harshen wuta, sai garwashi ya yi fari. Leburorin dam da direbobin tifa sukan yi ta gunaguni, ka ce mai sauri ya sayi rogo. Har Turawan kamfanin dam sun koyi jira a kan bencinka. Mutanen ƙauyenmu kuwa, ko daga Bakura suka zo da aljihu wayam, sai sun tafi da ƙunshi.

Gonakinmu da makabartar iyayenmu duk suna ƙarƙashin ruwa. Abin da ya rage mana na can shi ne ƙanshin hayaƙin nan. Nakan sauke itace in ƙi tafiya, kai kuma ba ka taɓa tambayata dalili ba.

Muna makabarta wajen rufe ka aka yi ruwan sama, babu wanda ya tuna da murhu. Da muka dawo na sa hannu cikin tokar har gwiwar hannu, na ji ta sanyi ƙalau. Ɗanka Jatau ya ɗauko ashana, ya kasa ƙyastawa.

Sai ga Inna Taiba, maƙwabciyarka da ke ɗiban wuta wurinka kowace safiya, tafe da garwashi a kan marfin tukunya, tana kare shi da mayafi. Ta ce, "Aje ashanar nan, Jatau. Ta ubanka ce, da sahe na ɗiba. Na maido."

Yau wutar nan ce ke ci a murhunka, Baba. Naman Jatau bai kai naka ba tukuna, amma hayaƙin shi ne.

Allah Ya gafarta maka, Ya yalwata kabarinka, Ya nisanta ka daga wutar lahira, Ya sa Aljanna ce makomarka. Ina miƙa ta'aziyyata ga matarka Inna Turai, da Jatau da ƙannensa, da dukan mutanen ƙauyenmu a duk inda ruwa ya watsa su. Allah Ya ba mu haƙuri, amin.